Kawu Mai Kyamara na Gwallaga

Na Allah ne mu, kuma wurinSa za mu koma. Kawuna, yayan mahaifiyata, ya rasu wata Talata da hantsi a gidansa da ke Gwallaga, aka kai shi makwancinsa bayan azahar.

Da aka dawo daga maƙabarta maza suka zauna a kan tabarmi a ƙofar gida, mu mata muna ciki. Tagar ɗakin da nake tana kallon layi, don haka ina jin hirarsu. Kowa a wurin ya san mamacin, amma na lura babu wanda ya san sunan da zai ba sana'arsa. Wani baƙo da ya rako abokinsa gaisuwa ya tambaya, "Marigayin me yake yi ne?" Wani ya ce ɗan fim ne. Limamin masallacin layin ya gyara murya ya ce, "A'a, ba irin waɗancan ba." Wani kuma ya ce ai mai ɗaukar biki ne. Sai telan da shagonsa yake jikin gidan ya ce, "Wane biki? Wanda ya ba shi bikinsa ai ya yi asara. Sai ya ɗauko maka masu wanke tukwane ya bar amarya." Aka yi 'yar dariyar nan ta zaman makoki, wadda ake saurin haɗiyewa, aka bi ta da Allah Ya jiƙansa.

Can da la'asar wata dattijuwa ta shigo, 'yar kudu ce, Kirista, mai shagon kayan abinci a bakin titi. Kowa Madam yake ce mata. Ta yafa gyale saboda gidan, ta durƙusa gaban matar Kawu ta yi gaisuwa, sannan ta juyo ta kama hannuna. Madam ta fi shekara talatin a Bauchi, amma har yau mace da namiji duk "kai" take ce musu.

Ta ce, "Kai ne 'yar ƙanwarsa? Kawunka ya dawo mini da mijina."

Matan da ke kusa suka dube ta. Sai ta ba mu labari. Mijinta mai gyaran rediyo ne a layin nan, ya rasu a haɗarin mota a hanyarsu ta zuwa gida Kirsimeti, lokacin ƙaramar 'yarsu ko yaye ba a yi mata ba. Bayan wata biyu ko uku Kawu ya je shagonta da kaset a hannu. Ashe ya zauna ya bi duk abin da ya taɓa ɗauka a unguwar, ya tsinto kowane wuri da mutumin ya bayyana: inda yake kwance rediyo yana fito, inda yake jayayya da mai facin taya, har inda ya gifta kawai a bayan wasu da buta a hannu. Ya haɗa su wuri guda ya kai mata.

"Yarinyar yanzu ya yi aure," in ji Madam. "Ya san tafiyan babansa, ya san dariyansa. A ina zai sani?" Ta share ido da bakin gyale.

Duk wannan ana yi mahaifiyata, wadda muke kira Inna, tana jingine da bango da carbi a hannu. Ita ce auta a ɗakinsu, kuma Auta Kawu yake kiranta har ya bar duniya. A cikin mu duka ita ta fi kowa faɗa da shi.

Tambayar baƙon nan ce ta hana ni sakat. Idan mutanen da suka yi sallah sahu ɗaya da Kawu shekara da shekaru ba su iya faɗin abin da yake yi ba, to 'ya'yanmu fa? Shi ya sa na ce bari in rubuta abin da na sani, ko da a warwatse ne.

Kawu ya fara riƙe kyamara tun yana saurayi, a wani gidan talabijin, lokacin Bauchi ba ta daɗe da zama babban birnin jiha ba. Aikinsa shi ne bin manya zuwa taro. Yakan ce ya ɗauki yankan ribin na buɗe ayyuka fiye da yadda tela yake yanka yadi. Abin da ya raba shi da wannan aikin ya sha ba mu labarinsa yana dariya. An tura shi buɗe wata rijiya a wani ƙauye gaba da Inkil. Babban baƙo ya miƙe yana jawabi, Kawu ya saita masa kyamara. Sai idonsa ya faɗa kan wata mata a gefe, bokiti a kunkuminta, goyo a bayanta, tana jiran a gama ta ɗebi ruwa. Ya juya kyamarar kanta, bai sake ɗauke ta ba har aka tafa.

Da shugabansa ya kalla sai ya ce, "Ina babban baƙo?"

Kawu ya ce, "Ga muryarsa nan, ranka ya daɗe."

"Fuskarsa fa?"

"Ai kowa ya santa."

Ba a kore shi ba, amma aka mayar da shi ɗakin ajiyar kaset, inda ake kai wanda aka gaji da shi. Shi kuwa ya ce nan ce makarantarsa. Ya yini yana kallon abin da aka yanke aka yar: masu gyara kujeru kafin taro, ɗan sanda yana hamma, tsoho yana neman takalminsa bayan an watse. Nan ya koyi tace fim da kansa, nan kuma ya gane cewa abin da yake so ya ɗauka duk yana cikin wanda ake yarwa. Bai kai shekarun ritaya ba ya ajiye aikin, ya samu tsohuwar kyamara, ya mayar da ɗakin zaurensa wurin aiki.

Finafinansa ba wasan kwaikwayo ba ne, babu wanda ake ba magana ya hardace. Mutanen gari ne a cikin harkarsu. Amma kuma ba irin shirin da muka saba gani ba ne, wanda wani mai zaƙin murya yake yi maka bayanin abin da kake kallo. Kawu ba ya sa mai sharhi, ba ya sa kiɗa. Na taɓa ce masa, "Kawu, da ka sa wani ya riƙa bayani, ai da an fi ganewa." Ya ce, "Ɗiyata, hoto ba baƙo ba ne, ba ya neman tafinta." Yakan je wurin mutum ya kafa kyamara a kan ƙafafunta, ya zauna yana cin gyaɗa, ya yi kwanaki bai kunna ba. Idan aka tambaye shi me yake jira sai ya ce, "Ina jira ya manta da ni. Mutum ba ya fitowa sai ya manta ana kallonsa."

Wannan haƙurin nasa a waje abin yabo ne, a gida kuwa matarsa ce ta san wahalarsa. Takan ce idan ka aiki Kawu sayen gishiri, to ka sauke tukunya, don sai ya tsaya kallon yadda mai gishirin yake ƙulla leda.

Yana da doka ɗaya da ba ya karyawa: duk wanda ya fito a fim, shi zai fara gani, kuma abin da ya ce a cire sai an cire. Bayan la'asar yakan toshe ƙofar zaure da bargo, ya rataya farin zane a bango, a tayar da janareta, mutanen unguwa su cika wurin. Na halarci ranar da ya nuna wanda ya yi a kan wata mai masa. Hannunta kawai ake gani, tana zuba ƙullu, tana juyawa, mai yana ƙara a tanda. Aka daɗe a haka. Can sai tela ya ce daga baya, "Malam, yaushe za a fara?" Kawu ya ce, "An kusa gamawa." Zaure ya kaure da dariya. Mai masar kuwa ba ta yi dariya ba. Ta ɗaga hannuwanta tana duba su, ta ce ita ba ta taɓa sanin haka suke sauri ba.

Wanda ya fi ɗaukar masa lokaci shi ne na wata gona a Tirwun. Duk damina yakan je ya tsaya a gindin wata ɗorawa, wuri ɗaya, ya ɗauki gonar. Ya yi ta yi har na yi aure na haihu. A fim ɗin za ka ga dawa ta yi kai, badi ka ga an kafa turaku, sai bulo, sai katanga, sai ƙofar ƙarfe mai fenti. Amma sautin bai canja shi ba. Tun daga farko har ƙarshe ƙarar fartanya kake ji da kukan kurciya, wanda ya ɗauka a shekarar farko. Tsohon mai gonar, wanda 'ya'yansa suka sayar da ita fili-fili, ya zo zaure ya kalla. Ya ga gidan bene, ya ji fartanyarsa. Da aka gama ba wanda ya yi motsi. Kawu ya matsa kusa da shi ya ce, "Baba, akwai abin da za a cire?" Tsohon ya ce, "Sake mayar da shi farko."

Daga baya ɗalibai suka fara zuwa wurinsa, har da wasu baƙi daga ƙasashen waje. Su suka ce masa irin aikinsa fim ɗin gwaji ake kiransa. Ya ce bai ga laifin sunan ba, tunda shi dai bai taɓa kunna kyamara yana sanin abin da zai samu ba. Sau ɗaya ya amsa gayyatarsu ya tafi ƙasar waje. Da ya dawo muka taru jin labari, sai ya ce sanyi ne kawai, kuma mutanen suna kallo shiru kamar ana huɗuba. "Na fi son 'yan Gwallaga," in ji shi. "Su idan ba su yarda ba sai su yi wa bangon musu."

Yanzu sai in zo kan faɗansa da Inna, don ba zan iya ba da labarinsa in tsallake shi ba, kuma da izininta nake faɗa.

Kakarmu, mahaifiyarsu, Dada muke ce mata. Da tsufa ya kama ta sai mantuwa ta shige ta. A gidan Kawu take zaune. Wani lokaci ta gane mu, wani lokaci ta tambaye ni 'yar gidan wa ce. Takan ƙulle kayanta a ɗankwali ta ce za ta gidan babanta a Inkil, alhali gidan ya daɗe da rushewa. Kawu ne yake zama da ita ya lallashe ta. Ashe kuma yana ɗaukarta.

Wata ranar Juma'a na raka Inna da kunun gyaɗa. Muna shiga ɗakin Dada muka ga kyamara a kusurwa, jar fitilarta a kunne. Dada tana tsakar gado babu ɗankwali, furfurarta a waje, tana kiran mijinta da ya rasu tun kafin a haife ni, tana cewa ruwan wankansa zai huce. Kawu yana zaune a ƙasa kusa da ƙofa.

Inna ta ajiye kwanon a hankali. Ta cire gyalenta ta rufe wa Dada kai, sannan ta juyo.

"Yaya, mene ne wannan?"

Ya ce, "Auta, tafiya take yi muna kallo. Ina so in riƙe abin da ya saura."

"Ka riƙe ka kai wa wa? Ka rataya ta a zaure tela ya yi dariya? Matar da ko maƙwabta ba su taɓa ganin gashinta ba?"

"Ba wanda zai gani sai mu."

"Haka kake cewa yau." Ba ta ɗaga murya ba. "Kai ne kullum kake cewa sai mai hoto ya yarda. To ita ta yarda? Tambaye ta mana. Tambaye ta ko ta san kai waye."

Kawu ya miƙe ya kashe kyamarar ya fita da ita.

Bayan kwana biyu sai ga shi a gidanmu a kan acaɓa, rungume da kwali. Ya ajiye a gaban Inna. Kaset ɗin Dada ne duka. Ya ce, "Gaskiyarki ce. Ita ba za ta iya amsawa ba, to ke ce bakinta. Ki ƙona ko ki ajiye." Inna ba ta ce masa zauna ba. Da ya tafi ta sa na ɗora kwalin a saman kabad ɗinta. Ba ta ƙona ba, ba ta kuma huce ba. Ta koma zuwa duba Dada a lokacin da ta san ya fita. Idan suka yi kiciɓis, gaisuwa ce ta fatar baki. Ni ce na zama mai kai saƙo tsakanin 'yan ɗaki ɗaya, "ki gaya wa kawunki," "ki gaya wa Auta." Har Dada ta rasu a daminar da ta biyo, suka karɓi gaisuwa a gida ɗaya, kowa yana kallon wani wuri.

An ɗauki shekaru a haka. Wata rana na je gida na tarar da Inna tana tsintar shinkafa, ta tsaya da tire a cinya. Ta ce, "Kin san na manta muryar Dada? Ina ganin fuskarta, ina ganin bakinta yana motsi, amma ba na jin komai." Sai ta ce in sauko mata da kwalin, in kuma tare mana keke mai ƙafa uku.

Mun sami Kawu a zaure. Ta ajiye kwalin a kan teburinsa ta ce, "Yaya, muryar kawai nake so."

Ya ce, "To zauna, ke za ki zaɓa."

Haka suka fara. Kullum bayan azahar Inna takan tafi Gwallaga ta zauna gefensa gaban na'ura. Matar Kawu ta ce tun daga tsakar gida ake jin su. Inna ta ce cire wannan, ya ce ai nan ne ran abin. Ta ce ka cire na ce, ya cire. Wani wurin kuma shi ya ce a cire, ita ta hana. Ba su taɓa zama sun ce a yafi juna ba, ni dai ban ji ba. Sai dai na ga ta fara tafiya masa da miyar taushe a kula.

Da suka gama aka tara mu, 'ya'ya da jikoki kawai, aka toshe zaure. Fuskar Dada ba ta fito ko sau ɗaya ba. Wani wuri bango ne baƙi sai murya. Wani wuri hannuwanta ne suna ƙulla ɗankwali suna kwancewa, ko ƙafarta tana laluben takalmi. Tana karanta addu'o'inta na safe ba kuskure, ita da ta manta sunayenmu. Can kusa da ƙarshe sai muryar ta tashi da ƙarfi, tas, kamar ta mace mai jini a jika:

"Auta, sauko daga kan mangwaron nan kafin in zo. Kai kuma babban banza, kana tsaye kana kallonta."

Jikoki suka fashe da dariya, suna duban Inna da furfurarta da ciwon gwiwarta. Ita ma dariyar take yi, hawaye yana zuba. Kawu yana tsaye bayan na'ura, ya cire tabarau yana gogewa da bakin riga.

Sau ɗaya ke nan aka nuna shi. Wani daga cikin ɗalibansa ya ji labari, ya yi ta roƙo a bari a kai shi waje, yana cewa wataƙila shi ne zai fi duk abin da Kawu ya yi. Kawu ya ce, "Ba nawa ba ne, na Auta ne." Inna ta ce a'a. Maganar ta mutu a nan, kuma bai taɓa tayar da ita ba.

Ciwon suga ne ya fara cin idonsa, har ya kai ba ya bambance fuska sai inuwa. Bai yi ƙorafi ba. Ya ba ɗalibansa kyamarorin, ya sa aka mayar da gadonsa ɗakin zaure, a bar ƙofa a buɗe don ya ji layi. Yakan gane keken ɗinkin tela daga na yaron shagonsa, ya gane wane mai acaɓa ne ya wuce daga kukan mashin.

Ranar Lahadin da ta gabaci rasuwarsa mun je ni da Inna. Ya ɗan samu sauƙi, yana zaune an jingina shi da matashi, rana ta shigo ta ƙofa ta faɗa kan cinyarsa. Na ji ina so in riƙe shi haka. Na fito da wayata na ce, "Kawu, in ɗauke ka?"

Ya yi murmushi ya juya kai wajen da yake jin numfashin ƙanwarsa. Ya ce, "Tambayi Auta."

Inna ta dube ni, ta dube shi. Ta miƙo hannu ta karɓi wayar. Ita da ko kira sai an danna mata, ta ce in nuna mata inda ake taɓawa. Na nuna mata. Ta ɗaga ta da hannu biyu.

Kawu ya ce, "Hannunki yana rawa?"

Ta ce, "Yana yi."

"Dafa gwiwar hannunki a kan cinya. Kada ki bi ni da wayar, ki bar ni in shigo hoton da kaina."

Ta yi yadda ya ce. Ya gyara hularsa, ya yi tari, ya saurari wani mai rake da ke wucewa. A hankali kafaɗunsa suka sauka, leɓensa ya fara motsi da tasbihi, ya manta da mu. Inna ba ta motsa ba. Ta riƙe wayar har aka kira la'asar.

Allah Ya jiƙan Kawu, Ya haskaka masa kabarinsa, Ya sada shi da Dada a gidan rahama. Mu da muka rage, Allah Ya ba mu haƙurin rashinsa, Ya kyautata namu ƙarshen. Amin.